Ku Ajiye Rula, Ba Haka Ake Bin Hanyar Mafarki Ba

Tun ranar da na saurari bayanin nan na taswirar duniyar mafarki raina bai kwanta ba. Na yi ta danne maganar don kada a ce babba yana kashe wa yaro gwiwa, amma ta ƙi dannuwa. To bari in amayar da ita, wanda zai ji haushi ya yi haƙuri.

Wani ƙanena ne a harkar rubutu ya zo da dabarar. Ba zan kama sunansa ba, domin da dabararsa nake faɗa, shi kam yaro ne mai ƙwazo da ladabi. Ga abin da ya ce. Ka samo babbar takarda, ka ja mata layuka a tsaye da a kwance har ta zama gida-gida kamar allon dara, kowane gida da lambarsa. Duk safiya in ka farka, sai ka sa abin da ka gani a barci a gidan da ya dace da shi: dutse nan, kogi can, kasuwa a kudu, maƙabarta a arewa. Da yake ya san mafarki ba ya zama wuri ɗaya, sai ya ƙara da cewa kowace shekara a yi sabon zane a takarda mai shara-shara, a ɗora shi a kan na bara. In an tara goma ko ashirin aka ɗaga su a hasken rana, abin da ya yi ta maimaituwa zai yi duhu, abin da ya gifta sau ɗaya zai dishe. Wannan duhun, in ji shi, shi ne ainihin ƙasar da ke ƙarƙashin mafarki, sauran duk ƙura ce. Marubuci sai ya ɗauki duhun ya gina labarinsa a kai, ya buga taswirar a shafin farko kamar yadda Turawa ke yi.

An tafa masa. Har wani ya ce a mayar da abin manhajar waya, mutum dubu su riƙa zuba mafarkinsu, kwamfuta ta tace. Ni kuwa ina zaune kunya ta rufe ni, don na riga shi yin wannan aikin da shekaru masu yawa, kuma na san inda ya kai ni.

A unguwar Zongo ta Faraku aka haife ni, garin da allon hanya ke rubutawa Parakou, a arewacin Jamhuriyar Benin. Kakata ta wajen uba 'yar Jugu ce, wato Djougou, kilomita 130 da 'yan kai arewa maso yamma da mu. Aure ya kawo ta Faraku tana yarinya, ta yi fiye da shekara sittin a nan. Da tsufa ya kama ta, idonta ya yi rauni, sai Jugu ta soma zo mata a barci, kusan kullum. Da asuba in na kai mata ruwan alwala sai ta ce, "Maigida, yau ma na je gida." Haka take kirana, irin wasan nan na kaka da jika. Ni kuma in ce, "Hajiya, wa ya biya miki kuɗin mota?" Ta yi dariya ta soma ba ni labari.

Lokacin ina ɗan lakwal mai ji da kansa. An koya mana zana taswirar Benin da jihohinta 12, ina iya jan bakin teku da ka ba tare da na duba littafi ba. Sai na ce bari in yi wa tsohuwa gata, in zana mata Jugun da take zuwa. Na sayi takarda mai gida-gida da fensira masu launi, na zauna gefen tabarmarta.

Tun makon farko aka soma samun matsala. Ran Litinin rijiyar unguwarsu tana gaban masallaci, ran Alhamis tana tsakar ɗakin mahaifiyarta, kuma ba ta ga abin mamaki a ciki ba. Tashar jirgin ƙasa ta Faraku ta bayyana a bayan kasuwar Jugu, alhali layin dogo da ya taso daga Kwatano a Faraku ya tsaya tun shekarun 1930, bai taɓa leƙa Jugu ba. Daga ƙofar gidansu zuwa Kilir, unguwar fadar sarki, wata rana taku biyu ne, wata rana ta wuni tana tafiya ba ta isa ba. Takardata ba ta da gidan da za a sa irin wannan. To me na yi? Na soma gyara. Sai in ce, "Hajiya, ba gabas da masallaci kika ce rijiyar take ba?" Ita kuma, don son jikanta, ta ce, "To, a can take." A cikin wata uku na samu taswira mai kyau wadda na riƙa nuna wa abokai, na kuma samu kaka wadda ta koyi faɗa mini abin da zai shiga takarda. Daga baya ma sai ta ce, "Yau ban je ba." Gobe ma haka, jibi ma haka. Gwaggona ce ta tona asirin. Ta ce tsohuwa tana zuwa Jugunta kullum, a madafa take ba su labari, ta ce wai maigidanta ya zama ɗan duwan, in ta dawo daga tafiya sai ya kwance mata kaya.

Wannan shi ne laifi na farko da nake ɗora wa dabarar ƙanena, kuma ba ƙarami ba ne. Takarda mai gida-gida tana tambaya tun kafin mai mafarki ya buɗe baki, kuma amsa iri ɗaya take karɓa. Mafarki kuwa kowa ya san halinsa, yana soma zubewa tun mutum bai sauko daga gado ba, ɗan abin da ya rage mai laushi ne kamar danyen yumɓu, duk yatsan da ya taɓa shi sai ya bar shaida. Ka tambayi mutum ko kogin yana hagu ne ko dama, nan take zai ga kogin a hagu ko a dama, ya rantse haka ya gani. Mu da muka taso a gidajen Musulmi mun san gargaɗin da ya zo a hadisi a kan wanda ya ƙaga mafarkin da bai yi ba. Ban ce mai rubuta ƙagaggen labari ya shiga cikin wannan ba, kowa ya san ƙage yake yi. Amma wanda zai je gaban tsohuwa da rula ya sa ta daidaita abin da ta gani, ya duba da kyau abin da yake sa ta yi. Yanzu a ƙaddara mutum dubu a manhaja, kowa ya ga taswirar da ta yi duhu kafin ya kwanta. Me kuke tsammanin za su gani a barci, me kuma za su ce sun gani? Kwamfuta za ta tace abin da ita ta zuba ne, a yi ta murna an gano sabuwar nahiya.

Laifi na biyu ya fi zurfi, kuma don in bayyana shi dole in koma madafa, in ji yadda tsohuwa ke ba da labarin in ba na nan. Na laɓe na saurara. Ba ta ambaton gabas ko yamma. Cewa take, na tashi daga ƙofar gidanmu, na sauka wajen mai ƙosai, ta tambaye ni 'yar wa, na faɗa mata, ta ba ni hanya. Daga nan na yi tafiya har ƙafata ta gaji, na sauka gindin rimi, wani mai jaki ya karɓi ɗankwalina ya ƙetarar da ni. Tashi da sauka, tashi da sauka, kowane wuri da wanda ta tarar da abin da aka karɓa a hannunta. Na daɗe kafin in gane inda ta samo wannan tsari. Kakanta falke ne, ɗan ayarin Gwanja, kuma tun tana goye aka riƙa jera mata sunayen zango kamar yadda ake jera wa yaro sunayen kakanni.

Ga wanda bai sani ba, Faraku da Jugu a kan tsohuwar hanyar goro suke. Ayari ya taso daga Kano ko Katsina ko Jega da kanwa da tufafi da fatu, ya ƙetare Kwara ta wajen Yawuri ko Illo, ya ratsa ƙasar Bargu ta Nikki, ya sauka Faraku, ya sauka Jugu wadda mutanen da suke kira Zugu, daga nan ya bi ta Sansanin Mango ko ta ƙasar Kotokoli zuwa Yendi, har Salaga inda ake ɗaure huhun goro. Tafiyar watanni ce. Madugu ne shugaba, jagaba yana gaba, uban dawaki yana shirya maganar garama da sarakunan hanya. Unguwar Wangara ta Jugu don 'yan kasuwa baƙi ta kafu, fada kuma tana Kilir. Duk wannan tafiya, ba a san madugu da nannaɗaɗɗiyar takarda mai alamar arewa ba. Abin da ke kansa jerin zango ne: daga nan zuwa can kwana nawa, ina ruwa, wa ke karɓar fito, gidan wa za a sauka, wane sarki ne ya mutu, wane ne ya ƙara kuɗi. Kuma ba don ƙarancin ilmi ba ne. Hanyar ce ba ta tsayawa. Rafin da aka taka da rani, da damina sai kwalekwale. Garin da ya karɓe ku bara, bana yana yaƙi da maƙwabcinsa, sai an kewaye. In ka zana layi ka rantse a kansa, ka kai mutane ga halaka. Jerin zango kuwa kullum ana sabunta shi daga bakin ayarin da kuka yi kiciɓis da shi yana dawowa.

A duba yadda wannan duniyar ta yi ta gusawa cikin shekara ɗari da hamsin kacal. A 1874 Ingila ta ci Kumasi da yaƙi, ikon Asante a kan kasuwannin arewa ya yi sanyi, goro ya soma karkata zuwa Kintampo. A 1892 yaƙin basasa ya tarwatsa Salaga, 'yan kasuwa suka watsu, da yawa suka koma Kete Karaci, cikinsu har da Alhaji Umaru, malamin nan haifaffen Kano da ya rasu a can a 1934. A 1894 Lugard na Ingila da Decoeur na Faransa suka yi tseren isa Nikki, kowa yana neman sarki ya sa masa hannu a takarda, a 1898 kuma aka zauna a Faris aka tsaga Bargu biyu, Nikki ga Faransa, Busa ga Ingila. A 1911 layin dogo ya isa Kano, goro ya koma bin teku zuwa Ikko ya hau jirgin ƙasa, jakai suka rasa aiki. A shekarun 1960 aka datse kogin Bolta a Akosombo, ruwa ya ci tsohon garin Kete Karaci, aka tashi mutane. Kwanan nan ma, bayan juyin mulkin Nijar na Yulin 2023, an rufe gadar da ta haɗa Malanbil da Gaya, manyan motocin da suka saba ratsa Faraku suka yi cirko-cirko, kaya da mutane suka koma kwalekwale kamar zamanin kakanni.

To ƙanena, ɗauko takardunka masu shara-shara, ka zana wannan hanya sau ɗaya kowace shekara goma, ka ɗaga a rana. Me zai yi duhu? Duwatsu da kogi, sai layin da aka ja a 1898, don shi kam ba ya motsi. Salaga ta zamanin cikarta za ta dishe. Tsohuwar Kete za ta zama shuɗin ruwa. Zangon da aka yi shekara ashirin ana kwana a cikinsa kafin rijiyarsa ta ƙafe zai ɓace ɗungum. Wato dabararka za ta riƙe iyakar Bature ta kira ta ainihi, ta share inda mutanenmu suka kwana suka yi ciniki suka binne 'yan'uwansu ta kira shi ƙura. In haka take yi wa hanyar da jakai suka taka da kofato, ina ga hanyar barci? Kakata ba ta taɓa zuwa Kete ba a farke, amma sau da yawa mahaifinta yana aikenta can a mafarki ta sayo goro ƙwarya biyu, ta je ta tarar da kasuwa tana ci. A taswirar yau wurin ruwa ne. A jerinta zango ne mai mutane, kuma jerin nata ya fi faɗin gaskiyar abin da ya taɓa kasancewa.

Kada a ce mutanenmu ba su taɓa gwada zane ba. A 1824, da Clapperton ya je Sakkwato, an zana masa taswira a fadar Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, aka buga ta a Landan a 1826. Bello malami ne da ya san ƙasashe, wanda ya karanta Infaƙul Maisuri ya shaida. Amma a zanen nan Kwara ta nufi gabas, wajen kogin Nilu. Masana sun yi ta muhawara ko abin da aka ɗauka ke nan a lokacin, ko kuwa da gangan aka kawar da idon baƙo daga bakin kogin. Ko wanne ne, sai a 1830 'yan'uwan nan biyu, su Lander, suka bi ruwan daga Busa har teku. Barth kuwa, da ya zo a shekarun 1850, zama ya yi da fatake da mahajjata yana rubuta jerin zangonsu, kwana kaza zuwa gari kaza, har ya cika shafuka da garuruwan da bai taɓa takawa ba. Masu zana taswira a Turai da wannan jeri suka yi aiki. Abin da nake so a lura da shi ke nan: zane yana tilasta maka ka cike inda ba ka sani ba, don layi ba ya tsayawa a tsakiyar takarda. Mai jeri yana da damar cewa, daga nan ban wuce ba.

Akwai wani ɗan Jugu da nake tunawa duk lokacin da wannan magana ta taso, Muhammadu Gardo Baƙwaƙwa, wanda ake rubuta sunansa Baquaqua. An haife shi a Jugu a shekarun 1820, mahaifiyarsa Bakatsiniya. Aka kama shi aka sayar, aka fitar da shi ta Wida zuwa Barazil, ya tsere daga jirgin ruwa a New York a 1847, ya zauna Haiti, ya yi karatu a Amurka, ya je Kanada, a 1854 aka buga tarihinsa a Detroit. A ciki ya siffanta garinsu da ka, bayan shekaru yana nesa, kuma burinsa shi ne ya koma. Jugun da ya ɗauka a kansa ta riga ta soma sauyawa tun ranar da aka fita da shi. Amma masana tarihi na zamaninmu, irin su Robin Law da Paul Lovejoy, sun iya bin sawunsa, saboda abin da ya bari sunaye ne da sauka da tashi da mutanen da ya faɗa hannunsu.

Ko a wajen masu fassarar mafarki, wannan kuskure na neman ƙasa tsayayya ya daɗe yana damunmu. Je kasuwar Arzeke ta Faraku, ko kowace kasuwa daga nan har Kurmi ta Kano, za ka samu ƙananan littattafai da sunan Ibni Sirin a bango: maciji kaza ne, ruwa kaza ne, haƙori kaza ne. Taswira ce ita ma, kowane abu da gidansa. Alhali labarin da ya fi shahara a kan malamin nan na Basra kishiyar haka yake koyarwa. Mutum biyu suka zo masa, kowanne ya ga yana kiran salla a barci. Ya ce wa ɗaya zai yi aikin hajji, ya ce wa ɗayan za a kama shi da sata, ya kafa hujja da Suratul Hajji ga na farko, da Suratu Yusuf ga na biyu, saboda ya dubi mutanen da ke gabansa. Mafarki ɗaya, masu shi biyu, wuri biyu. Mai allon dara zai sa su a gida ɗaya ya ce duhun ya ƙaru.

Na san daga ina sha'awar ta fito, ni ma na sha. Mun ga taswirar da ke cikin littafin Tolkien na 1954 ta burge mu, mun ga yadda masoyan Lovecraft suka zana ƙasar mafarkinsa. Ta Tolkien ta dace da shi, don duniyarsa a kafe take, yana lissafin tafiyar mutanensa har da kwanan wata. Amma zanen aro ba ya rufe katara. Mu duba namu. Ruwan Bagaja na Abubakar Imam da Ganɗoki na Bello Kagara, duka na 1934, tafiye-tafiye ne cikin duniyar da ba ta bin doka, kuma ba wanda ya taɓa ɓata a cikinsu don rashin taswira. Alhaji Imam yana tashi daga gari ya sauka wani, abin da ke gaya maka inda kake shi ne wanda ya tarar, musamman Malam Zurƙe da ke ɓullowa ko'ina. A labarinmu mutum ne alamar hanya. Gadon ayari ne wannan, yana cikin harshenmu, muna neman mu jefar da shi mu ɗauki rula.

Za a ce, ka rushe, me ka gina? To ga tawa dabarar, ita ma ƙagaggiya ce, ban ce wahayi ba ce, sai dai na gwada ta a kan mutum mai rai. Ka samu littafi na rubutu, mai layi kawai. Kowane dare shafinsa. A sama ka sa wanda ya yi mafarkin, da inda ya kwanta, da lokacin shekara, damina ce ko hunturu, azumi ne ko bayan salla, da abin da ke damunsa a kwanakin in ya yarda ya faɗa. Sannan ka yi shiru ya yi magana. In dole ka yi tambaya, kada ta wuce irin ta mai tarbar matafiyi: daga ina ka tashi, ina ka sauka, wa ka tarar, da me ka gane wurin, me aka karɓa a hannunka, me aka ba ka. Nisa kuwa da jiki ake auna shi, ko ƙafa ta gaji, ko ƙishi ya kama, ko rana ta faɗi. In rijiya ta koma ɗaki, ka rubuta ta koma ɗaki, kada ka taɓa shafin jiya. Abin da ya zo sau ɗaya tak yana da shafinsa cikakke daidai da abin da ya zo sau hamsin, domin wata ƙila shi ne daren da ya fi kowanne nauyi. Bayan shekara ka karanta daga farko. Ba za ka ga siffar ƙasa ba. Za ka ga wace ƙofa ce ke kaiwa ga wace, wane mai masauki ne ba ya tashi ko da gidansa ya tashi, da wane lokaci ne hanya ke tsawo. A na kakata, tafiya Kilir tana tsawo ne duk lokacin da ciwon ƙafarta ya motsa, tashar jirgi kuma tana shiga Jugu ne a watan da aka kawo ta gidan miji. Takarda mai shara-shara ba za ta taɓa nuna wannan ba, don ta jefar da kwanan wata da mai mafarkin tun a matakin farko.

Wani zai ce duk wannan wasan marubuta ne, me ya yi zafi? Abin da ya yi zafi shi ne tsofaffin zangon Faraku da Jugu suna ƙarewa. Harshen kasuwa a garuruwan nan Dendi ne, na makaranta Faransanci, jikokin fatake da yawa Hausarsu ta gaisuwa ce. Littattafan Hausa da ke zuwa mana daga Kano da Zariya ba kasafai suke sanin muna nan ba. Sunayen zango, da gidajen saukar baƙi, da wa ya auri 'yar wa a hanyar Gwanja, ba a rubuce suke ba, suna kan mutanen da yanzu barci ya fi yawa a ranarsu, kuma a barcin ne abin ke fito musu. In matasanmu masu son rubutu suka je musu da allon dara, za su dawo da zane mai kyau, tsofaffin kuma su ce yau ba mu je ba. Ni na yi asarar wata uku ta haka, da wasu watannin kafin ta huce, kuma ba a mayar mini da su ba.

Sai da na yaga taswirar a gabanta, na ce, "Hajiya, ɗan duwan ya ajiye aiki." Ta ce, "Da ya fi masa." Daga nan muka soma littafin. Shafi na ƙarshe da hunturu ne. Ta ce ta tashi daga bakin rijiya, ba ta sauka ko'ina ba sai ƙofar gida, ba wanda ya karɓi komai a hannunta. Mahaifiyarta tana tankaɗe, ta ɗago ta ce ta shigo ta ajiye kaya. Ita kuwa ta ce a'a, ba ta sallami maigida ba tukuna. Na rubuta, na tambaye ta da me ta gane gidan. Ta ce da warin daddawa.

Bayan sadakar arba'in na hau mota zuwa Jugu da littafin a aljihu. Na shiga unguwar da take faɗa, ban ga rimi ba, ban ga rijiya ba, inda nake zaton gidan yake shagon siminti ne. Na samu wani dattijo a ƙofar masallaci na gaishe shi, na ce, "Baba, gida nake nema, amma ban san ko gabas yake ko yamma ba." Ya ce, "Bar gabas da yamma, ɗana. Gidan wa?" Na faɗi sunan kakanta. Ya yi shiru, ya ce a maimaita. Sannan ya tambaye ni ko tsohuwar ta taɓa ambaton wata mai ƙosai a bakin hanya. Na buɗe littafin na nuna masa, shafi bakwai ta fito. Ya ce kakarsa ce. Ya kira wani yaro ya riƙe masa sanda, ya ce in biyo shi.